Ɗaki Mai Bango Uku

Lahadi, 6 ga Afrilu, 1913

Yau ma sai da na buɗe masa ƙofa. Na dawo daga coci na tarar da Laurits tsaye a bakin ƙofar ɗakin kwana, hannuwa a baya, hanci kusa da katako. Tun fitata yake nan. Ƙofar ba a kulle take ba, ko sakata ba ta da ita. Na ce, "Laurits, turawa kawai za ka yi fa." Ya ce to. Gobe ma haka zai tsaya, na sani.

Wata biyu ke nan da sako shi. Shekara shida ya yi a kurkuku kan gobarar wani sito a bakin teku, wadda ba shi ya sa ba. Sai da mai siton ya ɓata da abokin cinikinsa suka tona wa juna asiri, sannan aka tuna akwai wani bawan Allah a rufe. Alƙali ya ce an yi kuskure. Kuskure wai. Ni in na yi kuskure a ɗinki warwarewa nake yi.

Mutumin da na aura mai tuƙa keken dokin kamfanin giya ne, duk unguwarmu a Kopenhagen an san muryarsa, da dawakai ma hira yake yi. Wanda aka dawo mini da shi bango yake fuskanta in zai ci abinci. Tun da ya zo bai dubi fuskata ba, kafaɗata yake kallo. Ba ni da wanda zan faɗa wa, shi ya sa nake rubutawa. Mijina nake so ya dawo, ba na neman komai bayan wannan.

Laraba, 9 ga Afrilu

Oline, yayarsa, ta zo daga ƙauye da ƙwai da cuku da dogon bakinta. Ta zauna ta ƙare masa kallo, sannan ta ja ni kicin.

"Petrea, ki ba ni shi in tafi da shi gona. Ke kina wurin aiki wuni guda, shi yana nan kamar tsohuwar kujera."

Na ce ban jira shekara shida don in ɗora shi a jirgi ba. Ta ce ita ba faɗa ta zo yi ba, amma uwa ɗaya ta haife su. Bayan girbi za ta dawo, in ta same shi yadda ta bar shi, to in yi haƙuri, da shi za ta koma. Na ce Allah ya kai mu. Da ta tafi na fasa ƙwai biyu da gangan a kwano, don dai in fasa wani abu.

Litinin, 21 ga Afrilu

Ina kan keke a ɗakin ɗinki na kamfanin majigi, ina rage wa wata rigar sarauniya ƙugu, aka ce darakta Lunding na kira. Na zaci kora ce. Na same shi a gidan gilashi inda ake ɗaukar fim, tare da wata mai hular gashin tsuntsu, uwargida Rosing, shugabar ƙungiyar masu neman gyaran kurkuku.

Ta riƙe hannuna biyu. Ta ce sun karanta labarin mijina a jarida. Ta ce ko na san yadda ake yi da su a can? Kowa ɗakinsa shi kaɗai, ba magana, in za a fito da su shan iska sai a sa musu takunkumin ƙyalle don kada wani ya ga fuskar wani, a coci ma kowa cikin akwatinsa. Wai don su yi nazari su tuba. Na ce na sani, uwargida, ai ni ce nake kwana da sakamakon.

Suna so su yi fim da labarinsa. Ta ce in mutane suka gani da idonsu za a soke wannan doka. Lunding ya ce, "Madam Brink, garin nan kaf sai ya yi kuka, na yi miki alkawari." Kuma ranar da za a fara nunawa suna so Laurits ya hau dandamali mutane su gan shi.

Na amsa tun kafin in tambaye shi. Na ce a raina in ya ga jama'a sun miƙe suna tafa masa, ƙila ya ɗaga kai.

Talata, 22 ga Afrilu

Na faɗa masa. Ya ce to. Da cewa na yi mu faɗa rijiya ma to zai ce.

Juma'a, 2 ga Mayu

Uwargida Rosing ta samo takunkumi na gaske ta kawo a yi samfuri da shi. Ni aka ba. Ƙyalle ne mai kauri, ruwan toka, da huda biyu na ido. Gefen da ke taɓa baki ya yi baƙi. Sine, wadda muke ɗinki tare, ta ɗauka ta sa a fuska tana cewa yanzu ko mai gidan haya ba zai gane ta ba. Da ta ga fuskata ta cire ta ce, "Yi haƙuri ƙawata, bakina ne ba linzami." Ban yi fushi da ita ba. Ita kaɗai ce ba ta daina gaishe ni ba a shekarun nan.

Na ɗinka takunkuman fim ɗin duka kafin a tashi. Aiki ne mai sauƙi, abin da ya fi ba ni haushi ke nan.

Alhamis, 15 ga Mayu

Na kai shi gidan gilashi, don Lunding ya matsa sai ya gan shi. A jirgin titi, mai bin dogo a cikin gari, ya runtse ido har muka sauka.

Kafintoci sun haɗa ɗakin kurkuku a tsakiyar fili. Bango uku ne na katako da zane, an yi musu fentin dutse, ba rufi saboda hasken rana, gaban a buɗe inda kyamara take tsayawa. Gado siriri, kujera, bokiti, ƙofa mai ƙaramar taga. Ni dariya ma ya so ba ni, don in ka jingina da bangon rawa yake yi.

Lunding yana ta zuba, Laurits bai ji ko ɗaya ba. Sai ya saki hannun rigata. Bai shiga ta gaban da yake a buɗe ba, ya zagaya ya tsaya a bakin ƙofar ƙaryar nan yana jira. Wani kafinta ya buɗe masa don wasa. Ya shiga, ya zauna a bakin gado, ya ɗora hannuwa a gwiwa. Na ga kafaɗunsa sun sauko. Ya yi wata ajiyar zuciya da ban ji ya yi ba tun da ya dawo.

Lunding ya yi ƙasa da murya ya ce, "Ku duba. Kada kowa ya taɓa shi."

Da ƙyar na fito da shi da aka tashi.

Asabar, 17 ga Mayu

Da safe na same shi ya sa takalmi yana jirana. Ya ce, "Zan bi ki." Maganar da ya fara yi ke nan da kansa ba tambayarsa aka yi ba.

Laraba, 28 ga Mayu

An fara ɗauka. Thorkild Vang ne yake fitowa a matsayin Laurits, shi da gashinsa mai sheƙi da 'yan mata ke mutuwa a kai. Tunda fim ba ya ɗaukar murya, duk abin da ya ga dama yake faɗi. Yana durƙushe a ɗakin yana ɗaga hannu sama, hawayen albasa na zuba, amma abin da bakinsa yake cewa shi ne a ajiye masa gasasshiyar agwagwa kada masu kyamara su cinye. Lunding na gefe yana ihu, "Ƙara baƙin ciki, Thorkild, uwarka ce ta mutu!" Kowa na ƙunshe dariya.

Da aka zo wurin da fursunoni ke zagaya fili da takunkumi, Thorkild ya ce atafau. Wai mutane fuskarsa suke biya su gani, kuma ƙyallen na sa masa ƙuraje. Aka yi cirko-cirko, rana na tafiya. Sai Lunding ya juyo ya dubi Laurits, wanda kullum yake zaune a bayan bango yana jiran a gama ya shiga. Tsayinsu ɗaya da Thorkild.

Na ce, "Yallaɓai, a'a." Amma Laurits ya riga ya miƙa hannu. Da kansa ya ɗaura, bai ko lalubi igiyar ba. Ɗinkina ne, na gane shi da zaren da ya ƙare mini na ƙarasa da baƙi.

Ya yi tafiyar. Ba wanda ya yi dariya.

Lahadi, 8 ga Yuni

Ban san yadda zan rubuta wannan ba. Ya samu sauƙi.

Yana cin abinci sosai, jiya har ƙari ya nema na dankali da kifi. Yana barci. A hanyar gida yakan ce wani abu, ko kan doki da ya gani an ɗaure masa linzami ba daidai ba, ko kan Thorkild. Ran Alhamis ya ce, "Wancan ko kwana ɗaya ba zai yi a kurkuku ba," har gefen bakinsa ya motsa. An sa shi cikin ma'aikata, duk inda ake son mai takunkumi shi ne. In an tafi cin abincin rana shi ɗakin yake shiga da baƙin burodinsa, kafintoci sun saba, su suke rufe masa ƙofa.

Sine ta ce, "Ke dai ki gode wa Allah, ina ruwanki da inda maganin ya fito?" Gaskiyarta. To amma ni na share gida, na sayi labule sabo, na dafa duk abin da yake so tun muna saurayi da budurwa, bai sauke kafaɗa ba sai a cikin kurkukun zane. Kishi nake yi da katako, abin kunya.

Talata, 24 ga Yuni

Yau aka ɗauki ƙarshen fim, sau biyu. Haka kamfani ke yi. Mutanenmu da na Ingila suna son a ƙare da murna, masu sayen fim na ƙasar Rasha kuwa ba sa karɓa sai an mutu.

Da safe aka yi na murna. Aka buɗe ƙofar kurkuku, Thorkild ya fito da gudu, matar da ta fito a matsayina ta faɗa ƙirjinsa, ya ɗaga 'yarsu sama yana juyi. Sun ba mu 'ya, mai kitso da jan ƙyalle. Mu da ba mu taɓa samu ba.

Bayan azahar aka yi na Rasha. Takardar saki ta iso, aka buɗe ɗaki, aka tarar ya cika. Matar ta zube a kansa. Ni na ɗinka mata baƙar rigar, ta yi mata kyau. Na tsaya ina kallonta tana kuka, kowa na ba ta haƙuri, an san abin da ta rasa, an san sunansa. Sai na ji wani abu ya zo mini a rai wanda ba zan rubuta ba.

Lunding ya tambaye ni wanne ya fi. Na ce duka sun yi, yallaɓai.

Litinin, 30 ga Yuni

Mun iso da safe mun tarar an juya bangon. An yi masa fentin furanni, an rataya madubi, falon wani attajiri ne yanzu na sabon fim. Gadon yana waje an ɗora masa gwangwanayen fenti.

Ba wanda ya yi da mugunta. Ba wanda ya tuna ne kawai. Laurits ya tsaya a inda ƙofar take da. Babban kafinta ya cire hula ya ce, "Brink, wallahi umarni aka ba mu." Laurits ya ce to.

Alhamis, 10 ga Yuli

Ya koma fuskantar bango. Abincin ma ba ya ci.

Asabar, 26 ga Yuli

Na dawo aiki ba ya gida. Shi da ba ya buɗe ƙofa. Ashe maƙwabciya ce ta shigo aron gishiri ta bar ta a buɗe. Na zaga unguwa, na je bakin ruwa ina duba abin da ba na so in gani.

Kafin rana ta faɗi sai ga shi tare da wani dattijo mai kakin gandiroba, Kofoed sunansa. Wai da ƙafa Laurits ya tafi har kurkuku, ya tsaya a bakin babbar ƙofa, hannuwa a baya, yana jira a buɗe. Dattijon ya gane shi, ya nemi izini ya rako shi a jirgi.

Na so in tsane shi, na kasa. Ya ƙi zama, yana ta juya hula a hannu. Ya ce, "Madam, ba shi ne na farko ba. Ba mu da ikon karɓarsu, shi ke nan." Da zai tafi ya ce da Laurits ya zauna ya ci abinci, bai motsa ba. Sai ya kira shi da lambarsa ta can, a hankali, ba tsawa. Nan take Laurits ya ɗaga kai ya dube shi cikin ido, ya zauna, ya ɗauki cokali.

Ni wata biyar ina kiran sunansa.

Lahadi, 17 ga Agusta

Ina wanke kwanoni ya zo bayana ya tsaya. Ya ce, "Petrea." Na kusa sakin faranti.

"Ɗakin ajiya. Yana da makulli?"

Na gane nufinsa tun kafin ya rufe baki. Na juyo na zazzaga masa abin da ban taɓa ba. Na ce ni matarka ce ba gandiroba ba, na ce shekara shida ina kwana ni kaɗai ina roƙon Allah ya buɗe maka ƙofa, yanzu ni za ka sa in rufe? Na ce wa ya tambaye ni yadda na yi, wa ya yi fim da ni? Na jefa tukunya a bango. Bai kauce ba. Ya tsugunna ya tsince dankalin ɗaya bayan ɗaya.

Na yi kuka har kaina ya yi ciwo.

Litinin, 8 ga Satumba

An fara nuna fim. Na goge masa kwat, na ɗaura masa abin wuya. Mun kai bakin silima, ya ga taron, ya ga fitilu, ƙafafunsa suka ƙi. Sine ta ce in shiga, ita za ta mai da shi gida.

Uwargida Rosing ta hau dandamali ta ce rashin lafiya ta hana shi zuwa. Aka kashe fitila, mai piyano ya fara. Lunding bai yi ƙarya ba, an yi kuka. Da aka zo wurin zagaya fili, ga shi nan, ƙato a jikin farin zane, kafaɗar hagu ta ɗan karkata yadda ɗaukar gangar giya ta mai da ita. Mai piyano ma ya sassauta. Matar da ke kusa da ni ta damƙe hannuna ta ce, "Dubi Thorkild, ko fuska ba a gani amma sai ya sa ka kuka." Na ce haka ne.

Ƙarshe na murna aka nuna. An tafa har bango na amsawa. A waje uwargida Rosing ta sumbace ni, idonta jawur, ta ce manya sun gani, wannan doka kwananta ya ƙare. Ina fata haka ne, har ga Allah. Akwai mazan wasu a can.

Na dawo na same shi tsaye a bakin ƙofar ɗakin ajiya, da kwat ɗinsa.

Talata, 16 ga Satumba

Na kwashe kwalabe da buhun dankali daga ɗakin ajiya. Na shafa farar ƙasa. Gadon da kamfani ya yar na roƙa, babban kafinta ya kawo mini da kansa bai tambaye ni komai ba. Makullin yana cikin gwangwanin maɓallai.

Na gwaji ne. Mako ɗaya.

Lahadi, 28 ga Satumba

Oline ta zo da akwatin da za ta zuba kayansa. Na rataya labule a ƙofar ɗakin ajiya tun da safe.

Ya ce mata sannu da zuwa. Ya zauna a tebur tare da mu, ya ci, ya tambaye ta ko tsohuwar goɗiyar nan tana raye. Ta yi ta kallonsa tana kallona. A kicin ta ce, "Ƙanwata, na janye maganata. Me kika yi masa?" Na ce haƙuri kawai. Ta rungume ni, ta koma da akwatinta wayam.

Ba ƙarya na yi mata duka ba. Bayan cin abincin yamma yakan shiga, in juya makulli, da safe in buɗe. Tsakanin nan, da rana, mutum ne. Ya gyara ƙafar kujera. Ya fara zuwa wurin dawakan maƙwabci.

Kuma yana magana. In na rufe sai in jawo kujera in zauna da ɗinkina a jikin ƙofar, shi yana ciki, sai hira ta zo. Ya ba ni labarin wani tsuntsu da yake zuwa tagarsa a can. Ya tambaye ni yadda na yi da sanyin shekarar da gawayi ya yi tsada. Shekaranjiya na ba shi labarin Thorkild da ƙurajensa, ya yi dariya, dariyarsa ta da, har na soke yatsa da allura. Fuskarsa ce dai ban gani ba.

Alhamis, 2 ga Oktoba

Uwargida Rosing ta aiko wai in zo taronsu in yi magana kan illar rufe mutum shi kaɗai. Na ce a gaya mata ba ni da lafiya.

Na sa wa makullin igiya na ɗaura a ƙugu, ya fi sauƙi. Ni ma ina barci yanzu, rabona da irinsa tun kafin a kama shi. Na san inda yake, ba bakin ruwa, ba hanyar kurkuku.

Yau bayan mun ci abinci bai tashi ba. Ya zauna yana kallon taga, rana tana sauka kan rufin maƙwabta, yara na wasa a ƙasa. Ya daɗe. Har ya juyo, ina jin fuskata ya duba, ban tabbata ba, don ina tattara kwanoni. Kamar zai ce wani abu.

Na ce, "Laurits, lokaci ya yi."

Ya tashi ya shiga. Na rufe.

Ban san me ya sa na faɗa ba. Gajiya ce, ina jin.